Ɗan Uwan Kalangu Ya Ci Oska, Mu Kuma Muna Sauke Ganga Daga Intanet

Yau ba zancen fulashin ko dawo da hotunan da suka goge za mu yi ba. Wata magana ce ta daɗe tana ci mini rai, kuma ta shafe ka kai tsaye in kana haɗa fim ko gajeren barkwanci a waya, ko kana buga kiɗa a situdiyo, ko ma kallo kawai kake yi.

Kwanakin baya wani yaro da ke haɗa gajerun finafinai da abokansa ya kawo mini wayarsa shago nan Rikoto, sifikarta tana kakkarwa. Na canza masa, ya kunna fim ɗinsu don mu gwada. Gaskiya yaran sun yi ƙoƙari. Sun ɗauki hoto a gona, ga duwatsun Zuru a baya, ga dawa ta fitar da kai, uba yana faɗa wa saurayi cewa sai ya yi noman gwalmo kafin a ba shi yarinya. Labarin gida tsantsa. Amma kiɗan da ke ƙasa? Irin fiyanon nan mai kuka da ka saba ji a fassarar finafinan Indiya da na Turkiyya. Da aka zo wajen noma sai wata ganga ta shigo, wadda ni dai tunda uwata ta haife ni ban taɓa jin an buga irinta a wata gona ba. Na ce masa, "Wannan gangar ta ina ce?" Ya ce a intanet ya sauke, a cikin wani kundin sautuka na kyauta da aka rubuta wa gangunan Afirka.

To ka ji fa. Yaron nan tsakanin gidansu da gidan wani dattijo da ya shekara fiye da 40 yana kiɗan noma da na biki bai kai tafiyar minti 5 ba.

Ra'ayina shi ne, haɗa kiɗan gargajiya da sautin na'ura abu ne mai kyau, kuma shi ya kamata ya zama kiɗan finafinanmu. Amma gargajiyar ta zama ta gaske, wadda aka ɗauko daga hannun mai ita, na'ura ta bi bayanta. Abin da muke yi yanzu na danna maɓalli a fitar da ganga maras asali, wannan ba haɗi ba ne, lalaci ne.

Bari in ba ka labarin waɗanda suka yi abin da nake nufi, don kar ka ce mai gyaran waya ne ya yi mafarki.

A farkon shekarun 1990 wani Bature ɗan Ingila mai haɗa kiɗa, Simon Emmerson, yana aiki da mawaƙin Fulanin Senegal ɗin nan Baaba Maal, sai kunnensa ya kama cewa wani karin waƙa da ya ji a wurin yana kama da tsofaffin waƙoƙin ƙasar Ayalan. Daga nan ya tara makaɗan gargajiya na Ayalan da na Afirka ta Yamma a situdiyo ɗaya, aka kafa ƙungiyar Afro Celt Sound System a 1995, kundinsu na farko ya fito a 1996. Su mutanen Ayalan suna da wata busa mai kama da algaita, sai dai ba da baki ake hura ta ba, wata jakar fata ce ake matsawa da gwiwar hannu. Suna da ganga mai fuska ɗaya kamar mandiri. Aka haɗa waɗannan da molon kora na Mandinka da ƙaramar gangar hammata ta Senegal da ake kira tama, sannan aka shimfiɗa bugun na'ura a ƙasa. Kiɗansu ya shiga finafinai, har da Hotel Rwanda na 2004. Abin lura, ba su sauke kora daga kwamfuta ba. Mai kora suka kawo, N'Faly Kouyaté ɗan ƙasar Gini, ya zauna ya kaɗa abarsa.

Na biyu kuwa ka san shi, don na tura wa mutane fim ɗin a memori ya fi a ƙirga. Black Panther na 2018. Wanda ya haɗa kiɗan, Ludwig Göransson, ɗan ƙasar Suwidin ne. Kafin ya fara aiki sai da ya tattara ya tafi Senegal, ya bi Baaba Maal yawon wasa, ya ɗauki makaɗa a na'ura. Wannan gangar da kake ji duk lokacin da sarkin ya bayyana tama ce, Massamba Diop ne ya buga, kuma sunan jarumin take kira. Shi kuma abokin gabar sai aka ba shi sarewar Fulani aka haɗa da bugun 808 irin na 'yan gambarar Amurka, saboda a labarin jininsa na Afirka ne amma a Amurka ya tashi. Kiɗan kaɗai ya gaya maka ko shi wane ne. A 2019 wannan kiɗa ya ci kyautar Oska.

Tama fa ƙanen kalangu ne. Siffa ɗaya, tsarkiya ɗaya, a hammata ake matse shi sauti ya hau, a saki ya sauka. Abin da mahauta ke rawa da shi a kasuwa, abin da Mamman Shata ya rayu da shi har ya rasu a 1999. Wani ya hau jirgi ya zo ya nema, mu yana bayan gidanmu muna jin kunyarsa.

Yanzu kar ka ɗauka zagin fiyano na zo yi. Ko kusa. Masana'antar finafinan Hausa, musamman bayan fitowar Sangaya a 1999, a kan fiyanon Yamaha ta tsayu. Kuma fiyanon ya yi wani abin kirki da ba a cika faɗa ba. A da, kiɗa gado ne. In ba ɗan gidan makaɗa ba ne kai, ka ɗauki kalangu sai an yi taron dangi a kanka, a ce ka zama maroƙi. Fiyano ya zo ba shi da gidan uba, kowa na iya taɓawa. Ta wannan ƙofa dubban matasa suka samu sana'a, aka samu su Nazifi Asnanic, Ali Jita, Nura M. Inuwa, Umar M. Shareef, har zuwa Hamisu Breaker. Kiɗan situdiyon Arewa ya yi tasirin da har Mdou Moctar, Buzun Nijar ɗin nan mai jita da yanzu yake zagaya duniya, a Sakkwato ya ɗauki kundinsa na farko a 2008, da ototun ɗinsa da komai, waƙoƙin suka bazu a Sahara ta memori da Bluetooth. Tun kafin su ma akwai Mamman Sani a Nijar, wanda a 1978 ya ɗauki karin waƙoƙin gargajiyar ƙasarsa da fiyanon lantarki, aka yi shekaru ana jin su a rediyo da talabijin na Nijar. Saboda haka na'ura ba baƙuwa ba ce a wurinmu.

Matsalar ita ce waƙa muka kula da ita, muka bar kiɗan da ke ƙarƙashin labari. Furodusa zai kashe kuɗi a kan waƙar soyayya, amma kiɗan da zai raka fim daga farko zuwa ƙarshe sai a bar wa mai tace hoto ya tsinto duk abin da ya samu a kwamfutarsa. Shi ya sa za ka rufe ido a kunna maka finafinai 5 daban-daban ba za ka bambance su ba. Mutuwa fiyano ɗaya, makirci ƙarar nan ta "dummm" ɗaya, fada kuma a sa kiɗan yaƙin Turawa alhali ga kakaki ga algaita ga tambari.

Ga wani dalili da ni sana'ata ta koya mini, kuma ina ganin masu situdiyo da yawa ba sa lura da shi. Ni kusan kullum sai na cire sifikar waya na sa wata. Abar nan ba ta kai farcen babban yatsa ba. Yanzu kuma mafi yawan masu kallon finafinanmu, tun da dogon zango irin su Labarina da Izzar So suka mayar da mutane YouTube, a wannan 'yar sifikar suke ji. Ita kuwa ba ta iya fitar da sauti mai nauyi na can ƙasa. Duk abin da ya yi ƙasa da hertz 150 kusan ka ce babu shi. Shi bugun 808 da kake jin yana girgiza ƙirji a situdiyo yawancin ƙarfinsa a wajen hertz 40 zuwa 60 yake. Wato ka sha wahala ka haɗa, mai kallo a Tecno ko itel bai ji komai ba sai ɗan tas-tas. Amma kalangu, kukuma, gurmi, garaya, sarewa, shantu, ƙwarya, duk a tsakiya sautinsu yake, daidai inda muryar mutum take, inda sifikar waya ta fi ƙarfi. Ka gwada da kanka: kunna Ɗan Maraya Jos da kuntiginsa a ƙaramar waya mai maɓalli, za ka ji kowane kaɗi tar. Kayan kiɗanmu kamar don waya aka yi su.

To yaya ake ɗauka? Ba sai kana da situdiyo ba, amma akwai abubuwan da in ka yi sake da su aikin banza ka yi.

Fara da duba makirfon wayarka. Ƙurar hunturu da dattin aljihu suna toshe ramin, sai ka ji sauti kamar daga cikin tulu. Ka sa tsohon buroshin haƙori mai laushi ka share. Don Allah ban da allura. Wayoyin da aka kawo mini an tsokale makirfo da allura ba su da iyaka, kuma in ka huda 'yar fatar da ke ciki sai dai canji.

Kar ka ɗauka da saƙon murya na WhatsApp, kuma kar ka dogara da sautin kyamarar bidiyo. Duk biyun matse sauti suke yi, kuma wayoyi da yawa suna da tsarin rage hayaniya wanda yake ɗaukar ganga a matsayin hayaniya, sai ya riƙa danne ta. Nemi manhajar ɗaukar sauti da ke ba ka damar zaɓar WAV, ka sa ta a kilohertz 48, don shi ne ma'aunin da ake aikin bidiyo da shi. In akwai wurin kashe rage hayaniya da daidaita ƙara kai tsaye, kashe su. Minti ɗaya zai ci maka kusan megabait 6, ba wani abu ba ne. Sa wayar a yanayin jirgi, kar ana tsakiyar kiɗa a kira ka. Kuma in za ka tura wa mai haɗawa, tura shi a matsayin dokumen, in ba haka ba za a iya matse shi a hanya.

Wuri kuma, ɗakin siminti mai kwano ba silin shi ne mafi muni, amsa-kuwwa zai cika komai. Ɗakin ƙasa mai rufin ciyawa ya fi shi nesa ba kusa ba. In babu, jingina katifa a bango, ka rataya barguna. A kashe janareta da fanka. Kalangu ka ba shi tazarar taku ɗaya, algaita da kakaki taku 3 ko fiye, don ƙararsu tana fasa sauti, in kuma ya fashe babu manhajar da za ta gyara. Gurmi da kukuma ka matso kusa, kamar kamu 2. Ka ɗauki minti ɗaya na gwaji ka saurara da iyafis kafin ka sa dattijo ya yi ta bugu a banza. In ƙungiya ce, ka roƙe su bayan sun buga tare kowa ya buga nasa shi kaɗai, babban kalangu daban, ɗan karɓi daban, kuntukuru daban. Wajen haɗawa za ka gode mini.

Inda aka fi ɓata aiki shi ne bayan an dawo gida an buɗe FL Studio ko BandLab. Matashi zai ɗora kalangu, ya ga bai zauna daidai kan layukan manhajar ba, sai ya danna abin da ke jawo kowane bugu ya hau layi. Shi ke nan ka kashe shi. Wannan ɗan jinkirin da ɗan gaggawar da makaɗi ke yi ba kuskure ba ne, shi ne daɗin, shi ke sa kafaɗarka motsi. Kuma kiɗanmu da yawa tafiyar uku-uku yake yi, bugun da ke zuwa a cikin manhaja kuwa yawanci huɗu-huɗu ne, in ka tilasta sai su riƙa taka ƙafar juna. Kai za ka bi makaɗi: saurari saurinsa, ka saita saurin manhajar a kansa, sannan ka gina bugunka. Haka ma ototun. Kalangu da kukuma a tsakanin sautuka suke yawo, suna zamewa daga wannan zuwa wancan kamar yadda harshen Hausa ke hawa da sauka. Ototun aikinsa ya hana wannan zamiyar. Ka sa wa kukuma shi, ka mayar da ita ƙarar sauro. Fiyanonka za ka murɗa ya dace da kukumar, akwai wurin ƙara ko rage tsinin sauti a kowace manhaja. Sannan kar ka cika kaya. Bas mai laushi a ƙasa, dogon sauti guda a baya, ka bar gurmi ya yi magana. Da ka gama ka saurara a sifikar waya mafi araha da ke gidanku kafin ka saki.

Akwai abin da ya fi duk wannan muhimmanci, wanda kundin intanet ba zai taɓa gaya maka ba. Kiɗanmu yana da ma'ana. Kalangu magana yake, take yake yi. Kotso da taushi na fada ne, su Narambaɗa da Ɗanƙwairo da kotso aka san su. Tambari da kakaki na sarki ne. Gangar noma ta gona ce. Kiɗan ƙwarya irin na Barmani Choge na mata ne a cikin gida da wajen biki. In ka yanko taken wani ɗan dambe ka sa a wajen zaman makoki don kawai ya yi maka daɗi a kunne, Bature ba zai gane ba, amma kakarka za ta yi dariya. Saboda haka ka gaya wa makaɗin labarin fim ɗin. Ka ce masa, "Baba, nan wurin yaro ne ya gama gwalmo za a ba shi mata, me ake bugawa?" Shi ya fi ka sani. Wataƙila ma ya ba ka abin da ba ka taɓa ji ba.

Mu nan ƙasar Zuru abin ya ninka, don ban da kiɗan Hausa ga na Lelna, ga na Fakkawa da Dukkawa da Kambari da Fulani. Duk wanda ya taɓa tsayawa a filin Uhola ya ji ƙasa na amsawa ya san abin da nake faɗa. Amma a nan sai an yi hattara, ba kowane kiɗa ake ɗauka ba. Akwai na wasa da kowa ke rawa, akwai wanda yake da lokacinsa da mutanensa. Ka tambayi dattawa tukuna. In aka ce a'a, mayar da wayarka aljihu.

Sai batun kuɗi, wanda na san shi ne za a fara jefo mini. Za ka ce fim ɗin da ko kuɗin data bai mayar ba ina aka ga na biyan makaɗi? Gaskiya ne, kuma ga matsalar tsaro da ta sa shiga wasu ƙauyukan wajen Danko-Wasagu da Sakaba ya zama sai da shiri. Amma ka duba, zama ɗaya na awa 2 da makaɗi ɗaya zai ba ka kiɗan da za ka yi finafinai 10 da shi. Kuma kiɗan kyauta na intanet ba kullum yake kyauta ba. Sau nawa ka ji wani yana kukan YouTube ya liƙa wa bidiyonsa haƙƙin mallaka, kuɗin talla ya tafi wurin wani can da bai san shi ba? Wanda ka ɗauka da kanka da yardar mai shi, ba mai zuwa ya ƙwace.

Yardar nan kuma ta zama ta gaske. Kar ka laɓe a wajen biki ka ɗauka ka tafi. Ka je gida ka gaishe shi, ka faɗa masa a fim za ka sa kuma duniya za ta ji, ku yi ciniki, ka biya. Ka ɗauki muryarsa a wayar yana faɗin ya yarda da abin da kuka yi a kai, a gaban shaida, in da hali a rubuta. Ka sa sunansa da garinsu a ƙarshen fim. Yau mun san sunan Massamba Diop ne saboda an faɗe shi. Makaɗan Shata nawa za ka iya kira da suna?

Wasu kuma za su ce matasa ba sa son kiɗan gargajiya, na ƙauye ne. Ni nake tura waƙoƙi a memori, na san abin da ake nema. Wanda ya ce a sa masa Breaker shi ne zai ce a ƙara masa Ɗanƙwairo da Haruna Uji, direbobi da 'yan acaɓa musamman. Ba kiɗan suka ƙi ba, ba a kawo musu shi da tsabtar sauti irin ta zamani ba ne. Yawancin abin da ke yawo kwafin kwafin kaset ne, rabinsa shuuu.

Wannan ya tuna mini da wata mata da ta kawo mini memori bara, ta ce kiɗan mahaifinta ne a ciki, wani jikansa ya ɗauka a wajen biki kafin ya rasu, kuma shi kenan abin da suke da shi. Katin irin na bogin nan ne da ake rubuta wa gig 32 alhali bai kai ba. Na kwana 2 a kansa da duk manhajar da na sani, na samo hotuna kaɗan, sautin ko ɗaya bai dawo ba. Ban karɓi kuɗinta ba, ita ma ba ta ce komai ba, ta ƙulle katin a bakin zane ta tafi.

Don haka in ka ɗauka, kar ka bar shi wuri ɗaya. Kwafi a waya, kwafi a Google Drive ko ka tura wa kanka a Telegram a matsayin fayil, kwafi a kwamfuta ko filashi. Ka sa wa kowane fayil suna da za a gane: sunan makaɗi, kayan kiɗa, sunan kiɗan, gari da kwanan wata. Kar ka bar shi da lambobin da wayar ta ba shi. Kuma ka kai wa iyalan makaɗin nasu kwafin.

Shi yaron da na fara ba ku labari, mun yi da shi ranar da ba kasuwa za mu je wurin dattijon da wayoyi 2 da fawabank, na riga na share makirfon duka biyun. Dattijon ya ce sai da la'asar, kuma a zo masa da goro.